Rijiyar Mai Kan Ƙarfe

Yau in ka tsaya a bakin titi a Gombe ka dubi bayan manyan motoci, abin da za ka gani bai wuce lambar waya da sitika ba: hoton wani malami, ko ɗan ƙwallo, ko ɗan takarar da ya faɗi zaɓe tun bara, rana ta cinye masa rabin fuska. A kasuwa ake sayensu a manna, in sun koɗe a ɓamɓare. A zamaninmu ba haka ba ne. Motar kaya kan zo da kai da ƙashin baya kawai, kafinta ya gina mata bodin katako, sannan a kai ta wurin mai fenti ta yi kwanaki. Ƙyauren baya, wanda ake saukewa in za a yi lodi, shi ne fuskar mota ta gaskiya, domin shi ne wanda ka wuce a hanya yake kallo.

Na yi tuƙi shekaru masu yawa, na kuma ga yadda kowace ƙasa ke yi wa motarta ado. Mutanen Sudan furanni da madubai suke so, ba sa sa hoton mai rai. A Kumasi rubutu ya fi yawa, kowace mota da huɗubarta. A kudancin Kamaru damisa ce da macen nan mai wutsiyar kifi. Mu nan zaki ne da gaggafa da ɗan dambe, wanda kuma ba ya son hoton mutum ya sa ɗawisu ko masallaci. Amma a Gombe kaɗai na ga an ɗora labari guda a bayan motoci, kowace mota da guntunta, har mutane na jayayya a tasha kan wace ce ta zo kafin wace.

Ni ɗan makiyaya ne. Ciwo ya shiga garken mahaifina ina saurayi, ya bar mu da sanda da igiya, na shigo gari a shekarun da aka sauke tutar Turawa. Na yi karen mota, na zama direba, ina ɗaukar auduga da gyaɗa. A nan na san mai fentin. Mutumin duwatsun kudu ne, Batangale, Kirista, a makarantar mishan ya koyi riƙe alƙalami. Rumfarsa tana bayan tasha, ƙarƙashin itatuwan dogon yaro. Shi yana ce mini ɗan nagge, wato ɗan saniya, ni ina ce masa Mai Buroshi. A bakinsa na tsinci ɗan Tangalancin da nake ji, shi kuma duk Fillancinsa bai wuce gaisuwa da zagi ba.

Da yaƙin basasa ya ɓarke, Mai Buroshi ya shiga soja, domin yayansa ya riga shi shiga da daɗewa. Shi ƙanen sai aka ba shi aikin rubuta lamba a jikin motocin soja, bai taɓa harbin kowa ba. Yayan kuwa ya kai saja, kuma labarinsa ya riga shi dawowa gida. Waɗanda suka yi yaƙi a ƙarƙashinsa sun ce ba ya kama fursuna, ba ya jiran umarni daga sama, in ƙauye ya ƙi nuna masa hanya ba ya barin rumbu a tsaye. Suna faɗi suna rage murya. Ya dawo da rabin fuska a ƙone, kunnen hagu babu. Ya samu gadi a wurin gurzar auduga, ya kama ɗaki a Malam Inna, lokacin unguwar duk gonaki ce da gidaje jefi-jefi. Ba ya shiga harkar kowa. In ka gaishe shi sai ya ɗaga hannu.

Bayan yaƙi hannun Mai Buroshi ya canja. A shekarun nan kowa na maganar Turawan da aka ce sun taka wata, wasu na gaskatawa wasu na cewa sihirin rediyo ne. Wata rana wani direba ya kawo mota ya ce a yi masa zaki. Da ya dawo ɗauka, maimakon zaki ya tarar da wani mutum tsaye a kan tudun yashi, sama ja wur, rana biyu a cikinta. Rabin kansa nama, rabin ƙarfe. A bayansa jirage ne masu siffar tarwaɗa suna shawagi, a ƙarƙashinsu sojoji sahu-sahu, ba ko ɗaya mai fuska.

"Wannan kuma wane aljani ne?" in ji direban.

"Sarkin yaƙi ne," in ji Mai Buroshi. "Ba a wannan duniyar yake ba. In ba ka so, in goge."

Bai goge ba. Kafin mako ya zagayo, direbobi uku sun zo neman irinsa. Ba ya maimaita hoto. Kowace mota sai ya ba ta abin da ya biyo baya, yana shafa fenti yana ba da labarin, mu kuma muna zaune a kan tsoffin tayoyi muna jiran lodi muna saurare. Wata duniya ce, in ji shi, wadda ruwanta ya ƙare. Masu hali sun gina birane a ƙarƙashin gilashi, kamar an kife ƙwarya, ruwa da iska mai kyau duk suna ciki, sauran mutane suna waje cikin yashi. Sai wannan sarkin yaƙi ya taso daga cikin na waje. Yana fasa gilashin birni ya tsaya yana kallo har numfashin na ciki ya ƙare. Waɗanda ya kama da rai yakan sa a dasa musu ƙarfe a ka, su manta sunan uwarsu, su zama sojojinsa. Rijiyar da ya sha ruwanta, cike ta yake yi da dutse, don kada wani ya sha bayansa. Mu mutanen Gombe da muka san wahalar ruwa, wannan wurin ya fi shiga jikinmu. Direbobi suka sa masa suna Mai Kan Ƙarfe.

Sai kuɗin man fetur suka shigo ƙasa. Wanda bai ga lokacin ba, da wuya ya gane. Ma'aikaci ya sayi babur, ɗan kasuwa ya sayi babbar motar nan roka, siminti da buhunan shinkafa na ta kwarara daga kudu. Kullum sabuwar mota na tsaye a gaban rumfar, kowa Mai Kan Ƙarfe yake so, kuma kowa na cewa a ƙara masa mugunta. Wani ya ce a yi masa inda ya taka kan sarkin birni. Wani ya ce jinin bai isa ba. Direbobi suka ɗauka hoton na tsorata 'yan fashi, wasu kuma suka mai da shi hujjar gudu, suna cewa Mai Kan Ƙarfe ba ya taka birki. Na taɓa cin karo da guda a Garwa, cikin Kamaru, yaran gari sun kewaye ta suna tambayar direban da Fillanci me ya faru bayan nan.

Kuɗi da yawa, rigima da yawa. Tasha ta cika da 'yan kamasho, aka rabu gida biyu kan wa zai riƙa ba da layin lodi. Ɗaya ɓangaren samari ne majiya ƙarfi, shugabansu wani dogo mai haƙorin azurfa. Suka fara kiran kansu sojojin Mai Kan Ƙarfe, suna ɗaura murfin gwangwani a hula. Da farko dariya muke yi. Da suka karya wa wani tsohon direba hannu don ya yi lodi ba da izininsu ba, muka daina.

Cikinsu ne wani ya lura da abin da mu duka muka gani muka yi shiru. Rabin fuskar da ba ƙarfe ba, ta Saja ce, yayan Mai Buroshi. Goshin nan, da hancin, da yadda gira ke sauka. Ƙarfen kuwa daidai inda wuta ta ci. Daga ranar suka fara zuwa bakin ƙofar da yake gadi, su jeru su sara masa. Suna kai masa taba da tsire, suna roƙon ya ba su labarin yaƙi. Da farko korarsu yake yi. Daga baya na wuce da mota na gan shi zaune a tsakiyarsu yana magana yana nuni da hannu, kafaɗunsa sun miƙe. Mutumin da ya yi shekaru ba wanda ya nemi jin bakinsa, ga samari na rige-rigen kunna masa ashana. Ba a daɗe ba magana ta fito cewa za su ɗora shi shugaba, ya koya musu tsarin soja, su kori ɗaya ɓangaren daga tasha gaba ɗaya.

A daidai lokacin ne na samu motar kaina ta farko, bayan shekaru ina tuƙa ta wasu. Kafinta ya gama bodi, katako sai ƙamshi, na kai ta rumfa ina jin kaina a sama. Na tarar da motoci huɗu ko biyar a layi, ƙyaurensu fari fat, Mai Buroshi kuma yana zaune yana wanke buroshi da kananzir, ba ya aikin kowa.

"Ɗan nagge ya yi saniyar ƙarfe," in ji shi. "Allah ya sa ta fi na babanka tsawon rai."

"Amin, bakinka ya sari dutse. Me ya sa waɗannan suke tsirara?"

"Na rufe. Ba wanda zan ƙara yi wa Mai Kan Ƙarfe sai an samu wanda ya ɗauki na farko."

"Ai na farko yana bayan motar wancan mai gudun tsiya da ya zo neman zaki."

"Wannan na tsakiya ne. Na farkon ban taɓa yi ba."

Ya jawo wani falle na katako daga bayan gwangwanayen fenti, ya nuna mini zanen gawayi. Mutum ne durƙushe a bakin rijiya, fuskarsa cikakkiya, ba ƙarfe tukuna, yana jan igiya, igiyar ba komai a ƙarshenta. A gefe ga katangar gilashi a rufe, a ciki ga injinan haƙa a ajiye. Mutane na tsaye sun harɗe hannu. Duk direban da ya nuna wa ya ƙi. Wani ya ce shi ba zai ɗauki makoki a bayansa ba. Wani ya ce wace 'yar kasuwa za ta ɗora kayanta a motar da ke tallan mutuwa. Wani ya ba shi ninkin kuɗin aiki ya yi masa na yaƙi, ya mayar masa.

Na tambaye shi rijiyar mene ce. Ya ce in zauna.

Su uku ne wurin uwarsu, in ji shi, akwai autansu. Kafin soja, Saja haƙa rijiya yake yi, shi da autan. Sun shigo Gombe ci rani, aka ba su haƙa a gidan wani attajiri, daf da katanga. Ƙasar wurin yashi ce a ƙasa. Autan na ciki, gefe ya rufta. Bai mutu nan take ba, ana jin muryarsa. Ta sama ba a iya shiga, in an taɓa sai ƙasa ta ƙara zuba. Hanya ɗaya ce, a rushe katanga a shiga ta gefe. Maigidan ya yi tafiya Bauchi. Wakilinsa ya ce shi ba shi da ikon rushe katangar maigida, a jira. Aka aika wurin mai unguwa, aka ce ya fita. Ga mutane cike da ƙofar gida, ga diga ga shebur, kowa na cewa a jira mai cewa a yi. Da aka rushe katangar, muryar ta riga ta ɗauke.

"Bai yi kuka ba," in ji Mai Buroshi. "Muka binne shi, ya wanke hannu, bai ƙara taɓa diga ba. Da aka zo ɗaukar soja ya tafi. Abin da ya ce da ni kawai, daga yau ba zai ƙara neman izinin kowa ba. To, ka ji yadda ya cika maganarsa."

Ya ce lokacin da ya fara zanen Mai Kan Ƙarfe, fushi ne ya sa shi. Ya ga ƙauyukan da yayansa ya bi ta cikinsu, domin motocin da yake wa lamba suna bin bayansu. Ba ya iya faɗa masa a fuska, sai ya sa a katako, ya kai shi wata duniya don kada a gane. Ya zaci mutane za su gani su ji tsoro. Sai suka tafa.

"Ni na ƙera musu shi," in ji shi. "Yaya ya fara zama mutum, yana zuwa coci ya zauna a baya, har ya yi maganar neman gona a Kwadon. Yanzu hannuna ya mayar da shi. In suka ɗora shi, wallahi sai an ɗauki gawa a tashar nan, kuma shi ba zai sake fitowa ba."

"To ka je ka same shi mana."

"Na je. Ya ce ni ba soja ba ne, mai lamba ne. Magana ba ta shigarsa. Amma hoto yana kallo. Duk motar da ta shiga ɗaukar auduga, sai ya zagaya bayanta."

Ban ba shi amsa ranar ba. Ni ma ina da iyali, kuma na san halin 'yan kasuwa. Mai ɗakina ta ce in sa ɗawisu kamar kowane mai hankali. Wani malami da nake girmamawa ya ce mini hoton mutum dai hoton mutum ne, ko yana kuka ko yana kisa. Na yi kwanaki ina juyawa. Abin da ya tsaya mini a rai shi ne mutanen nan na ƙofar gida, masu diga a hannu. Na san su. Na gan su a bakin haɗarin mota a kowace ƙasa da na shiga, da kowane harshe suke magana, suna jiran ɗan sanda ya zo kafin a taɓa wanda ke zubar jini. Wata safiya na koma na ce wa Mai Buroshi ya shafa.

"Za ka yi asarar lodi," in ji shi.

"Kai dai yi aikinka. In na talauce, a gidanka zan riƙa cin tuwo."

"Mu namu da miyar da ba ka ci."

"Zan zo da nonona."

Ya yi aikin da labulen buhu a kewaye, bai bar kowa ya leƙa ba sai mutum ɗaya. Mai sayar masa da fenti wani Inyamuri ne da ya zauna a Gombe tun kafin yaƙi, ya gudu, ya dawo bayan an gama ya sake buɗe shago. Hausarsa ta fi ta Mai Buroshi. Ya kawo gwangwanin shuɗi, ya ɗaga buhu, ya daɗe yana kallo. Ya san labarin Saja a yaƙi, kamar kowa, ya kuma ji na rijiyar.

"Ka yi masa rijiya," in ji shi. "Da kyau. Namu fa? Mutanen ƙauyukan nan, wa zai zana musu tasu?"

"Duk sauran motocin naku ne," in ji Mai Buroshi. "Ku ne a cikin gilashin."

"Mu ne ƙanana-ƙananan nan da ba su da ido? Waɗanda yake takawa?"

Mai Buroshi ya tsoma buroshi a fenti.

"Ni ban ce kada ka yi ba," in ji mai shagon. "Ni ma ƙanena ya mutu, ban ƙone rumbun kowa ba. Wannan kawai nake so ka sani."

Ya ajiye gwangwanin ya tafi. Na zaci maganar za ta karya wa Mai Buroshi gwiwa. Sai ya ce mini mutumin ya yi gaskiya, hoton ba wanka ba ne, ba zai wanke kowa ba, shi dai so yake ya hana a ƙara. Ya ci gaba da shafawa.

An sa ranar kasuwa ce samarin za su kawo Saja tasha su nuna shi ga jama'a. Da hantsi na fito da motar, fenti bai gama bushewa ba, na juya bayanta na tsayar daidai bakin rumfar 'yan kamasho, inda ba mai tsayawa sai da izini. Na kashe inji na sa makulli a aljihu. Mutane suka taru. Wani ya ce, "Kai Bafillace, mota ka saya ko makara?" Aka yi dariya. Wata mai sayar da ƙosai ta ce ita dai tausayi ya ba ta. Masu bin labarin suka fara gardama, wannan kafin fasa birni na fari ne ko bayansa, wasu na cewa ai ba shi ba ne, ina ƙarfen.

Samarin suka iso da Saja a tsakiya. Ya sa tsohuwar rigarsa ta soja, an goge ta, takalma na sheƙi. Mai haƙorin azurfa ya hango motata ya ɗaga murya.

"Wane mara kunya ne ya toshe mana ƙofa? Kai direba, janye ta ko mu janye ka!"

Na ce inji ya ƙi tashi. Ƙarya ce, shi ma ya sani. Ya nufo ni, biyu na biye da shi, ni kuwa na jingina da mota na tsaya. Bai ƙaraso ba, domin Saja ya bar su ya zagaya baya, kamar yadda ya saba yi wa kowace mota.

Ya tsaya. Hayaniya ta ragu da kanta. Mai Buroshi na gefe, hannunsa duk fenti, ya sunkuyar da kai. Na ɗauka Saja zai mare shi, ko ya sa a cinna wa motar wuta, har na fara tunanin abin da zan gaya wa mai ɗakina. Ya daɗe yana kallo.

"Kai," ya ce da ƙanensa. "Zo nan."

"Ga ni, Yaya."

"Wa ya gaya maka na ja igiya?"

"Yaya, ni dai na ɗauka..."

"Ba ka nan. Kana makaranta. Ban ja komai ba." Ya nuna mutanen da suka harɗe hannu. "Waɗannan ma ba a tsaye suke ba, zaune suke a inuwa. Ni ma ina cikinsu. Diga tana gabana. Yana kiran sunana, ni ina ce masa ya yi haƙuri, maigida na zuwa. Mu baƙi ne, wa zai taɓa katangar babban mutum? Tun hantsi har la'asar ina ce masa ya yi haƙuri."

Da Hausa ya faɗa, ba da harshensu ba, kowa ya ji. Mai haƙorin azurfa ya matso ya ce, "Oga Saja, rabu da su, mu shiga ciki, jama'a na jira." Saja bai ko waiwaye shi ba.

"Gyara shi," ya ce da ƙanen. "In za ka zana, zana daidai."

Nan take Mai Buroshi ya aika aka ɗauko gwangwanaye. A tsakiyar tasha, rana na dukansa, ya shafe mutumin da ke durƙushe, ya bar igiyar a yashe a ƙasa. Ya zaunar da masu kallo. A cikinsu ya zana mutum ɗaya mai goshin nan da hancin nan, hannuwansa a tsakanin gwiwoyi, diga a gabansa. Saja na tsaye a kansa har ya gama, yana cewa sauke kafaɗar, ba haka na zauna ba. Samarin sun zo da sarkin da ba ya neman izini, ga shi a gabansu ana mai da shi mutumin da ya zauna yana jira, kuma shi da bakinsa yake ba da umarnin. Ban ga lokacin da suka fara zamewa ba. Na dai ga murfin gwangwani ɗaya a ƙasa, an taka shi. Mai haƙorin azurfa ya yi ta zage-zage, ya ce tsohon ya taɓu, ya shige rumfa.

Da aka gama Saja ya juyo gare ni.

"Direba, injin naka ya warke?"

"Ina jin ya warke, Saja."

"Kwadon za ka bi?"

Ba can zan bi ba, amma na ce e. Muka tsaya a Malam Inna ya ɗauko tabarma da akwatin ƙarfe, ya zauna a gaba. Da muka isa zai sauka, ya ce, "Sannu da aiki."

Ba zan ce komai ya gyaru ba. Rigimar tasha ta ci gaba, an yi doke-doke, sai dai ba a ɗauki gawa ba, kuma ba da Saja aka yi ba. Ya yi shekaru ba ya magana da ƙanensa. Ya yi noman albasa da tumatir a bakin fadama, in na bi ta wurin yakan jefa mini ɗan kwando a mota ba tare da gaisuwa ba. An ce mini har ya rasu bai yarda a haƙa rijiya a gonarsa ba, daga rafi yake ɗiba. Mai shagon fenti bai taɓa gaishe shi ba, shi ma bai nema ba.

Ni kuwa na yi asarar lodi kamar yadda aka faɗa mini. Wata mai kayan gwari ta ga bayan motar ta sa aka sauke mata buhunanta. Na ƙi canjawa. Da sannu aka saba, har aka riƙa kirana mai rijiya, kuma waɗanda suka gwada ni suka ga ba na gudu suka riƙe ni. Na kai hoton nan Ndjamena da Ngaundare da Damagaram. Duk inda na tsaya sai an tambaya, ni kuma in ba da labarin da harshen da mai tambaya ke ji. Na lura da abu guda. Hotunan yaƙin, samari ne ke taruwa a kansu. Wannan kuwa tsofaffi ne ke tsayawa, su daɗe suna kallo, sannan su tafi.

Mai Buroshi ya koma zaki da gaggafa. Masu layi suka yi fushi, wasu suka kai motocinsu Jos aka yi musu kwaikwayo, amma ba wanda ya iya fuskar. Ba a yi shekaru da yawa ba tirela da bodin ƙarfe suka cika hanya, kafintocin mota suka koma yin kujeru, shi ma ya koma rubuta allon shaguna da makarantu a Gabukka da sauran sabbin unguwanni. Motata ta tsufa, katakon ya ruɓe, wanda na sayar wa ya yi itacen girki da shi.

Daga ranar nan ta kasuwa ba a ƙara zana Mai Kan Ƙarfe a Gombe ba, kuma Saja bai ƙara samun ko mutum ɗaya a ƙarƙashin umarninsa ba har ya bar duniya.